Ƙanwata, kar ki bari a sa ki zaɓar wa likita tayin da ya kamu

Assalamu alaikum. Ƙanwata, na karanta tambayarki har ƙarshe, raina ya sosu, don abin da ya same ki ya taɓa samuna. Kin ce a aikinmu na sa wa cututtuka lamba a fayil ɗin asibiti kin samu fayil ɗin wata mai cikin tagwaye a sati na 13, likita ya rubuta cewa ƙwayoyin cuta sun kama faya da zanenta, amma bai faɗi wanne tayin ba ne, shugabarku kuma ta ce ki danna 1 a ƙarshen lambar ki wuce. Don Allah kar ki danna.

Lambar wannan cutar a zangon farko na ciki dai kin san ta, O41.121, harafi na bakwai mai nuna wanne tayin ne ya rage. O41.1211 na tayi na ɗaya ne, O41.1212 na na biyu, in duka biyun suka kamu ki sa su duka. Shi kuwa 0 da mutane ke gudu kamar abin kunya, ƙa'idar ICD-10-CM, littafin lambobin cututtuka na Amurka, ta ba shi gurbinsa: cikin ɗa ɗaya, ko kuma takardu ba su nuna wanne ba ne kuma an nemi bayani ba a samu ba, ko kuma likitan kansa ya kasa tantancewa. Ke nan sai kin fara aika wa likita takardar neman ƙarin bayani. In ya amsa, falillahil hamdu. In ya yi shiru, ki sa 0, ki ajiye shaidar cewa kin tambaya.

Wannan ajiye shaidar shi ya cece ni. A wani asibiti da na yi aiki a nan Amurka, fayil irin naki ya faɗo hannuna, tagwaye masu mabiyiya biyu da faya biyu. Na aika wa likita tambaya, shiru. Na sake aikawa, shiru. Shugabata ta zo ta tsaya a bayan kujerata, ta sa yatsa a kan allon kwamfuta inda rahoton sikanin yake, ta ce ai tayin da ke ƙasa kusa da bakin mahaifa shi cuta ke fara kamawa, kowa ya san haka, in sa 1 a rufe fayil. Maganarta ta likitanci ba ƙarya ba ce, ƙwayoyin cutar galibi daga farji suke hawowa, na ƙasan ya fi shiga haɗari. Amma ni ba likita ba ce, ba ni da ikon yanke cewa haka ta faru a jikin wannan baiwar Allah. Na ƙi. Ranar taron wata-wata ta karanto sunana a gaban kowa, ta ce ni ke riƙe kuɗin asibiti, wai fayil yana kwana a hannuna saboda tsoro. Ba wanda ya ce uffan. Har wadda muke cin abincin rana tare ta sunkuyar da kai tana wasa da biro. Na fito na shiga mota, hannuna na rawa, na kasa ko tayar da ita. Abin da ya fi ƙona mini rai, daga baya likitan ya amsa, ya ce na biyun ne, na saman. Shugabar nan ba ta taɓa zuwa ta ce mini yi haƙuri ba, ko a saƙo. Ta ci gaba da gaishe ni da fara'a kamar ba abin da ya faru, kuma maganar jinkirin da ta rubuta a takardar auna aikina ba ta cire ba. Har na bar wurin tana nan. Na yafe don Allah, amma in na tuna taron nan har yau ƙirjina yana zafi.

Kar ki manta da O30, rukunin lambobin cikin da ya wuce ɗa ɗaya, ba ki ambace shi a tambayarki ba. Duk lokacin da harafin ƙarshe ya zama 1 zuwa 9, dole lambar cikin tagwayen ta biyo. Mabiyiya biyu faya biyu O30.041, mabiyiya ɗaya faya biyu O30.031, ɗaya da ɗaya O30.011. Sai Z3A.13 na satin cikin. Ki kuma sake duba satin nan da kyau, don zangon farko yana ƙarewa ne kafin sati 14 cif. Wannan cutar ba kasafai take zuwa da wuri haka ba, an fi ganinta a tsohon ciki, musamman in faya ta fashe haihuwa ta yi jinkiri. In kwanan watan ya nuna an cika sati 14, lambar ta koma O41.122 ta zango na biyu, ta O30 ɗin ma ta canza.

Wani abin kuma, shin cikin yana nan? Ba ki faɗa ba, kuma shi na fi jin tsoro. In ɓari aka yi gaba ɗaya, kin bar wancan layin kin koma O03, lambar ɓari, kuma ba a haɗa Z3A da shi. In ɗaya ya zube ɗaya ya tsaya, ki leƙa O31.1. Ni kam irin fayil ɗin nan ba na iya wuce shi da sauri. Mace ta ga tagwaye a sikanin, ta gaya wa mahaifiyarta, an fara murna, sai zazzaɓi da ciwon mara. Allah Ya ba ta lafiya, Ya tsare mata abin da ke cikinta.

Kar kuma ki ɗauko cuta daga sakamakon gwajin jini ko daga zafin jikin da nas ta rubuta. Sai abin da likita ya sa wa hannu. In ya rubuta “ana zargi” kawai, ki duba ko kwantar da ita aka yi ko duba ta kawai aka yi ta koma gida, don a kwanciya ne kaɗai ake ɗaukar zargin da ya kai har ranar sallama.

'Yan uwa da ke aiki a gida da littafin ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, ku O41.1 da O30.0 sun ishe ku, ba ruwanku da harafi na bakwai. Na Amurka ne aka faɗaɗa, tun da aka fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoba, 2015.

Ita kuwa shugabar taki, in ta sake matsa miki, ki ce cikin ladabi ta aiko miki da umarnin a rubuce. Ki aika wa likita tambayar yau, ba tare da kin nuna masa amsar da kike so ba, ki ce kawai wanne tayin ne, ko duka biyun, ko ba a iya tantancewa.