Wanda bai riƙe wuƙa ba, zai kuɓuta?

Malam, ka tambaya ko wanda aka hukunta tare da wasu kan kisa, amma bai sari kowa ba, zai kuɓuta idan ya ɗaukaka ƙara. Ba lallai ba. In an tabbatar niyyarsu ɗaya, mai gadin ƙofa da mai sara laifinsu guda. Amma tsayuwa a wurin kawai ba ta isa ba. A 2016 Kotun Ƙolin Birtaniya ta ce, a shari'ar Jogee, hango cewa abokinka zai iya kisa bai wadatar ba, sai an nuna ka yi nufin taimaka masa.

Shaidu kuwa, kotun sama ba kasafai take rushe abin da kotun farko ta gaskata ba, tunda ita ta saurare su ido da ido. Don haka sai lauya ya nemo rauni mai nauyi a shaidar, kamar shaidan da ya ce ya gane fuska cikin duhu.