Husserl magajin Kant da Hegel ne?

Tambaya: Malam, shin finominoloji ta Husserl ci gaban falsafar Kant da Hegel ce?
Ɗalibi, Jami'ar Jihar Gombe

Amsa: Finominoloji nazari ne na yadda abubuwa ke bayyana ga hankali. Da Kant akwai dangantaka ta kusa, da Hegel kuwa ta nesa ce. A 1781 Kant ya ce hankali ke tsara duk abin da muke riska, ainihin abu kuma ba ya sanuwa. Husserl, almajirin masanin falsafa Brentano, bai yarda da wannan ɓoyayyen ainihi ba. Hanyarsa a littafinsa na 1913: ka jingine hukuncin cewa abu yana nan a waje, sannan ka siffanta yadda yake bayyana gare ka. Nan ɗalibai ke tuntuɓe, su ɗauka musun samuwar duniya ne, alhali dakatar da hukunci kawai ake nufi. Shi kuwa Hegel, a 1807, bunƙasar sani ya bi mataki-mataki, shi ya sa dangantakarsa da Husserl ta nesa ce.