Ga ɗalibin da ke shirin zama a Kophaza

Ƙanena, na ga saƙonka. Ka ce ka samu gurbi a Jami'ar Shopron ta ƙasar Hungari, an yi maka tayin ɗaki a ƙauyen Kophaza, wani kuma ya gaya maka daga can tsallakawa kawai za ka riƙa yi zuwa Ostiriya ka yi aiki. Ka kuma tambaya ko mutanen wurin suna karɓar baƙo Musulmi. Barka da samun gurbi, Allah ya sa albarka.

Kophaza na kudu maso gabashin Shopron, tafiyar mintuna kaɗan ce a jirgin ƙasa, mutanenta wajen dubu biyu. A bakin gari za ka ga allo da suna biyu, na Hungari a sama, a ƙasa kuma Koljnof, sunan da 'yan garin ke kira da harshen Kuroshiya. Kakanninsu 'yan gudun hijira ne. Bayan yaƙin Mohac na 1526, rundunar Daular Usmaniyya ta kai har Biyana, babban birnin Ostiriya, a 1529, ta sake ratso yankin a 1532, ƙauyuka suka zama kufai. Manyan masu ƙasa irin gidan Nadashdi da Batyani sai suka kwaso manoma daga Kuroshiya, inda yaƙi ya hana su sakat, suka zaunar da su a nan. Yau kusan shekara 500 ke nan, har yanzu tsofaffi da harshen suke hira a ƙofar gida, makarantar firamaren garin tana koyar da shi, ranar biki kuma matasa su fito da tamburitsa, wata 'yar molonsu mai zaƙin sauti. Cocin Maryamu da ke garin wurin ziyara ne, 'yan uwansu na Ostiriya ma suna zuwa.

Ka riƙe wannan tarihin a ranka saboda tambayarka ta biyu. Waɗanda suka kori kakanninsu Turkawa ne, kuma Musulmi, yara suna karanta haka a makaranta. Ni dai babu wanda ya taɓa jefa min wannan magana. Abin da za ka tarar shi ne kallo, na mutanen da ba su saba ganin baƙar fata a layinsu ba, da kuma shiru na makonni. Kada ka jira a gaishe ka. Ka fara cewa "Dobar dan", gaisuwar Kuroshiya, ga tsohuwar da ke share bakin gidanta, "Yo napot", ta Hungari, ga mai shago. Mutanen da suka sha wahalar riƙe harshensu suna jin daɗin baƙon da ya girmama shi. Ka kuma gaya wa mai gidanka tun ranar farko cewa ba ka cin alade, ba ka shan giya, domin yankin inabi ne, da sanyi ana yanka alade a gidaje, kuma maƙwabci yakan aiko da kwano don kara. In ka faɗa da wuri cikin ladabi, ba wanda zai ji ka raina shi.

Maganar iyaka ita ce ta fi damuna. Bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya aka yanki yammacin Hungari aka ba Ostiriya, shi ne jihar Burgenland ta yau. A Disambar 1921 aka yi ƙuri'ar raba gardama a Shopron da ƙauyuka 8 na kewayenta, har da Kophaza, kusan kashi 65 cikin ɗari suka zaɓi Hungari. Layin ya ratsa tsakiyar 'yan Kuroshiyan nan: Koljnof a wannan gefe, Klimpuh da Filej a wancan, kamar yadda aka raba Katsina da Maraɗi. Bayan Yaƙi na Biyu aka kafa waya mai ƙaya, aka binne nakiyoyi, mutum yana hango hasumiyar cocin ƙauyen danginsa amma ba halin zuwa jana'iza. Sai a watan Yunin 1989 ministocin harkokin wajen Ostiriya da Hungari, Alois Mock da Gyula Horn, suka yanke wayar kusa da Shopron, ranar 19 ga Agusta kuma Jamusawan Gabas sama da 600 suka tsallaka a rana ɗaya. Hungari ta shiga Tarayyar Turai a 2004, aka ɗauke shingen bincike a ƙarshen 2007.

Shi ya sa da asuba za ka ga motoci jere suna nufar Ostiriya. Masu gini ne, da ma'aikatan otal, da masu kula da tsofaffi, albashin can ya fi na nan nesa ba kusa ba. Amma su 'yan Tarayyar Turai ne, kai kuwa takardar zaman ɗalibi ce a hannunka. Tana ba ka damar shiga Ostiriya ziyara, kwana 90 cikin kowane 180, ba ta ba ka izinin aiki a can ba. Tun 2015 Ostiriya ta dawo da bincike a wannan iyaka, kuma in 'yan sanda suka shigo jirgi, irinmu sukan fara tambaya. In aka kama ka kana aiki ba izini, za ka iya rasa karatun da takardar gaba ɗaya. Wanda ya ba ka shawarar nan ba zai raka ka ofishin shige da fice ba.

Haya a yankin ta yi tsada saboda masu aikin Ostiriya da suka cika shi, don haka ka kwatanta kuɗin ɗakin da na masaukin jami'a kafin ka biya komai. Ka duba lokacin jirgin ƙarshe na dare. A Disamba ƙarfe huɗu duhu ya fara, ranar Lahadi kuma ƙauyen tsit yake. Naman halal da babban masallacin Juma'a za ka same su a Biyana, tafiyar awa ɗaya da 'yan mintuna, fasfo da katin zama a aljihu.

In da ni ne, shekarar farko a cikin Shopron zan yi ta, kusa da aji da sauran ɗalibai, in riƙa zuwa Kophaza ranakun biki har in san mutane. Ka aiko min da takardar hayar in duba maka kafin ka sa hannu.