Silofi jo na gida cikin rabin awa, ga ƙanwata da yara suka tasa a gaba

Wa alaikumus salam ƙanwata, sannu da zuwa, sannu kuma da sanyi. Na ga tambayarki. Kin ce wata huɗu ke nan da zuwanku Kolombus ta jihar Ohayo a Amurka, yara sun dawo daga makaranta suna rigimar sai kin yi musu silofi jo, burodin nan na Amurkawa mai niƙaƙƙen nama da tumatir a tsakiya, kin sayo haɗin gwangwani kin gwada, ya fito tsululu, ga zaƙi kamar alewa, burodin ya jiƙe ya dagargaje a hannu, maigida kuwa loma ɗaya ya yi ya ture faranti. Kina son ki san yadda ake yinsa a gida da sauri, tunda sai ƙarfe shida kike tashi daga aiki, da kuma ko kayan da ake zubawa sun halatta.

Shekara tara ina yinsa a gidana, kusan duk mako, don haka bari in gaya miki abin da hannuna ya sani.

Ki cire wa ranki cewa wani baƙon girki ne mai wuya. Niƙaƙƙen naman shanu ne ake soyawa da albasa, a zuba masa tumatir mai ɗan zaƙi da ɗan tsami, a bar shi ya yi kauri, a kwasa a zuba a tsakiyar burodin baga. Macen da ta iya soya jar miya har mai ya taso ta riga ta gama da rabin aikin. Kalmar farko ta sunan a Turanci tana nufin abin da ya yi kaca-kaca, domin ba a cinsa a tashi da hannu fes. An fi danganta asalinsa da jihar Ayowa, inda tun 1926 gidajen abinci na Maid-Rite suke sayar da burodi da warwatsen nama marar miya, kuma labarin da ake bayarwa shi ne wani kuku mai suna Jo a garin Su Siti ya ƙara masa tumatir a shekarun 1930. A 1969 kamfanin Hunt's ya fito da Manwich, haɗin da aka gama a gwangwani, abincin ya ƙara bazuwa a gidajen Amurka. Zaƙin da ya ba ki mamaki kuwa haka su suke sonsa, harshensu ne. Idan kuma wata rana kin je Niyu Jazi kika ga sunan a shagon sanwici, ki tambaya kafin ki saya, don a arewacin jihar wani abu ne daban, yankakken nama mai sanyi da kabeji a cikin burodi hawa-hawa.

Ina kyautata zaton tun daga naman aka samu matsala, kuma ina zargin kin wanke shi. Na faɗi haka ne don nima na wanke a karona na farko. Mun taso ba ma ɗora nama a wuta sai mun wanke shi, mun tafasa da albasa da kayan ƙamshi, sannan mu soya. Wannan tarbiyya ce mai kyau ga naman da aka yanka gunduwa-gunduwa. Niƙaƙƙen nama ba ya son ko ɗaya daga ciki. Kina zuba masa ruwa zai shanye kamar soso, kina ɗora shi a wuta zai amayo, ya dahu a cikin ruwansa ya yi toka-toka, ƙarnin da kike gudu ya zauna daram. In tsabta ce damuwarki, ki je wajen mahautan halal, ga shagunan 'yan Somaliya nan birjik a titin Kilibilan, ki zaɓi tsokarki da idonki, ta cinya ta fi, ki ce a niƙa miki a gabanki. Abin da yake kashe ƙwayar cuta a niƙaƙƙen nama wuta ce. Ma'aikatar noma ta Amurka ta ce zafin cikinsa ya kai digiri 160 a ma'aunin Farenhait, wato 71 a ma'aunin Salshiyas, saboda injin niƙa yana cuɗa abin da ke bayan tsoka ya shigar da shi ko'ina. Silofi jo da ya soyu ya kuma yi minti goma yana ɓararraka ya wuce nan.

Idan na leda kika saya, za ki ga an rubuta 80/20 ko 85/15 ko 90/10. Lambar farko kason tsoka ne cikin ɗari, ta biyu na kitse. Ni 85/15 nake ɗauka. Mai 90/10 yakan bushe a baki, mai 80/20 kuma sai kin tsiyaye kitse da yawa.

Ga yadda darena yake tafiya. Ina shigowa, kafin in cire hijabi, nake ɗora kasko mai faɗi a wuta, ba tukunya mai zurfi ba. Faɗin yana da amfani, shi yake barin ruwa ya tashi. Kafin in yi alwala kaskon ya ɗau zafi. Sai in ɗiga mai cokali ɗaya, in ɗora nama fam ɗaya, wato giram 454, rabin kilo ba kaɗan, in danna shi da bayan ludayi ya baje, in barbaɗa gishiri, sannan in ɗauke hannuna. Nan ne wajen haƙuri. Minti uku zuwa huɗu kada ki taɓa shi. Hannunki zai yi ta ƙaiƙayin juyawa, amma sauri ya haifi nawa: kina juyawa zafin kaskon zai faɗi, ruwa ya fito, ki ƙara minti goma kina jiran ya ƙone. Ki saurara da kunne. Da fari za ki ji shuuu, ƙarar ruwa ke nan. Can sai ta koma ƙas-ƙas-ƙas, ƙarar suya, ƙamshin kuma ya juye ya koma irin na bakin tukubar mai tsire. Ki ɗaga gefe ki duba, in ƙasan ya yi ja ya soma kamawa, to ki kife shi ki farfasa da muciya ƙanana-ƙanana. Wannan jan da ya kama gindin kasko kada ki ɗauka ƙonewa ce, duk daɗin yana nan, tumatir ne zai ɗago shi daga baya.

A cikin mintocin jiran nan nake yanka albasa babba ɗaya da koren tattasai ɗaya, siriri sosai yadda yara ba za su tsince ba, in daka tafarnuwa ƙwaya uku da 'yar citta. Amurkawa ba sa sa citta, ni ina sawa, ita take ƙarasa korar ƙarni. Idan kitse ya taru, ki karkata kaskon ki kwashe da cokali ki bar kamar cokali ɗaya. Ki zuba shi a tsohon gwangwani ya daskare ki jefa a shara, kada ki tura shi a magudanar wanke-wanke, a sanyin Ohayo nan da nan yake toshe bututu.

Daga nan albasa da tattasai su shiga su yi minti huɗu, tafarnuwa da citta su biyo baya, sai tumatirin gwangwani mai kauri cokali biyu. Shi ma ki soya shi minti ɗaya ko biyu kamar yadda muke yi wa miya, har jansa ya yi duhu, ɗanyen tsamin ya mutu. Sannan ki juye ƙaramin gwangwanin niƙaƙƙen tumatir mai ruwa, mai oza 8, da kecaf cokali huɗu, da mastad ƙaramin cokali ɗaya, da ruwan Wusta, wani ruwan ɗanɗano mai ɗan tsami na kwalba, cokali ɗaya, da masoro, da dunƙule ɗaya, da ruwa rabin kofi. Yawancin girkinsu yana ƙara jan sukari cokali ɗaya ko biyu a kai. Ni ba na sawa ko kaɗan. Kowane cokalin kecaf yana ɗauke da sukari kusan giram 4, ga kuma zaƙin albasar da ta soyu, ya wadatar. In yaranki sun saba da na makaranta suka ce bai yi zaƙi ba, ki sa ƙaramin cokali ɗaya a makon farko, ki rage rabi a na biyu. Nawa ba su ma lura da ranar da na daina ba.

Ki rage wuta, kada ki rufe, ki bar shi minti goma zuwa sha biyu kina juyawa jefi-jefi. Abu na biyu da nake zaton ya ɓata miki na farko ke nan: kin sauke da wuri, ko kin rufe tururi ya koma ciki. Ido ba mudu ba ne amma ya san kima, ga alamar da nake bi. Ki ja muciya ta tsakiyar kasko. In hanyar da ta buɗe ta rufe nan take, da saura. In ta tsaya kina ganin gindin kasko har ki ƙirga uku, ya yi. Kaurinsa yana tsakanin miya da dambun nama, in kin ɗebo a cokali ya tsaya tuli, yana sheƙi, ba ya ɗiga. In kuma ya wuce ya bushe, ruwa cokali biyu ya gyara shi. Sai ki ɗanɗana. In kin ji ya yi lami, ba lallai gishiri yake nema ba, sau da yawa tsami ne, ki ɗiga ruwan khal ƙaramin cokali ɗaya ko ruwan tsamiya.

Maganar halacci. Naman dai kin riga kin san inda za ki saya. Na makaranta kuwa kada ki ɗauka na halal ne, ki je ofis ki tambaya, suna da jadawalin abinci na wata, suna kuma saurarar iyaye. Ruwan Wusta daga garin Wusta na Ingila ya fito tun shekarun 1830, kuma na Lea & Perrins da ake sayarwa a nan ruwan khal ne da baƙin ruwan rake da albasa da tafarnuwa da kanumfari da tsamiya da wasu ƙananan kifaye. In akwai wanda jikinsa ba ya son kifi a gidan, ki bar shi. Ranar da nawa ya ƙare, tsamiya nake jiƙawa in haɗa da ɗan garin daddawa, kuma wallahi maigidana ya fi son na ranar. Mastad ki sayi rawayan nan na yau da kullum. Wanda ake kira Dijon wasu kamfanoni suna zuba masa giyar inabi, ki karanta jikin kwalba. Burodi ma ki saba da juya leda ki duba, in kin ga an ambaci kitsen alade ki mayar.

Burodin nan shi ne abu na uku. Burodin baga laushi gare shi kamar auduga, ba ya jure danshi. Ki raba shi biyu, ki shafa ɗan bota, ki kifa a busasshen kasko minti ɗaya har cikinsa ya yi ja ya ɗan yi ƙarfi. Wannan ɓawon shi yake tare miyar. Kuma kada ki zuba sai an zauna za a ci. Fam ɗaya yana cika burodi biyar zuwa shida.

Shi kuwa maigida, ina jin ba zaƙin kaɗai ya kore shi ba, rashin yaji ne. Ga dabarata. In ya yi kauri sai in kwashe rabon yara a kwano, ragowar in jefa masa jajjagen attaruhu ɗaya, wanda suke kira habanero a shagunansu, in ƙara minti biyu. Wani lokaci in barbaɗa yajin tsire cokali ɗaya, ƙuli-ƙulin ciki yana ƙara masa kauri da wani gardi. Sai dai ki kiyaye, wanda kika sa wa yajin ƙuli kada ya shiga jakar makarantar yara. Yara da yawa a nan gyaɗa tana yi musu mummunar illa, har ta kai ga asibiti, makarantu da dama ma sun hana shiga da ita. A gefe nakan yanka kabeji da karas in matsa lemon tsami, ko kokwamba kawai in na gaji. Ranar da nake son ya ƙara auki, karas biyu nake gogawa a magogi in soya tare da albasa, yana narkewa a ciki ba mai gani.

Tunda kina aiki, ki ninka. Ranar Lahadi ki yi na fam biyu, amma ki soya naman kashi biyu, in kin cika kasko zai koma dahuwa. Wanda ya rage kada ya wuce awa biyu a waje, ki sa a firji, yana kwana uku zuwa huɗu. Na firiza nakan zuba a leda in danne ya yi fale-fale, ya fi saurin narkewa, in cinye shi cikin wata uku. Washegari ma ya fi daɗi, kayan sun kama juna. Ba dole sai da burodi ba. Ranar Talata nakan ɗumama shi da ɗan ruwa in zuba a kan farar shinkafa ko taliya, Baban yara ya ci da man shanu da yaji, yara kuma su yi ta neman ƙari.

Ki gwada na fam ɗaya tukuna ranar da ba ki gaji sosai ba, ki zo ki ba mu labarin yadda ya fito. A gaida maigida da yara.