Tambaya da Amsa: Ziyarar Rabin Yini a Badagiri

TAMBAYA

Assalamu alaikum, Malam. Bayan gaisuwa da fatan alheri, ni malamin makarantar sakandare ne a nan Sakkwato. A watan gobe za a tura mu Legas taron ƙara wa juna sani na mako guda, kuma masu shirya taron sun ce a ranar ƙarshe akwai ziyarar sa'o'i huɗu zuwa wuraren tarihi na Badagiri tare da ɗan jagora, ga duk wanda ya biya kuɗinta. Wasu daga cikin abokan tafiyata sun ce ɓata lokaci ne, wai tarihin mutanen kudu ne da na 'yan mishan, babu ruwan Bahaushe a ciki, gara mu shiga kasuwa mu yi wa iyali tsaraba. Ina roƙon a bayyana mini abin da zan gani a can, ko sa'o'i huɗu za su isa, kuma ko duk abin da ɗan jagora ya faɗa ya cancanci in kawo wa ɗalibaina a aji.

Daga wani malamin makaranta, Runjin Sambo, Sakkwato.

AMSA

Wa alaikumus salam, Malam. Shawarata ita ce ka biya kuɗin ka je, tsaraba kuma a yi ta wata ranar. Maganar da abokanka suka yi, cewa babu ruwan Bahaushe da Badagiri, tarihi bai goyi bayanta ba, kuma mutumin Sakkwato ya fi kowa dalilin sanin haka.

Badagiri gari ne a yammacin Legas, dab da iyakar Seme da ke tsakanin Nijeriya da Jamhuriyar Benin. Mafi yawan mutanensa ƙabilar Ogu ne, waɗanda ake kira Egun, kuma Akran ita ce sarautar sarkinsu. Garin yana bakin wani dogon tafki ne, sai an ƙetare shi an ratsa yashi kafin a kai ga Tekun Atlantika. Wannan zama nasa shi ya sa ya zama ɗaya daga cikin tashoshin da Turawa suke ɗibar bayi, musamman a ƙarni na 18, ko da yake Wida ta ƙasar Dahome ta fi shi girma a wannan ciniki, daga baya kuma Legas ta sha gabansa.

Ga inda hanyar ta biyo ta Sakkwato. A shekarar 1824 Kyaftin Hugh Clapperton, Baturen Birtaniya mai yawon binciken ƙasashe, wanda ake kira Abdullahi a ƙasashen da ya ratsa, ya iso Sakkwato ta hanyar Tarabulus da Borno da Kano, ya gana da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Cikin abubuwan da suka tattauna akwai batun hana kai bayi bakin teku, da buɗe hanyar ciniki da Ingila, har Sarkin Musulmi ya ba shi wasiƙa zuwa ga Sarkin Ingila. Da Clapperton zai dawo karo na biyu a ƙarshen 1825, daga Badagiri ya kama hanya, ya bi ta tsohuwar Oyo da Busa da Zariya da Kano har ya sake isowa Sakkwato a 1826. Ya tarar ana rikici tsakanin Sakkwato da Borno, ba a bar shi ya wuce wajen Shehu El-Kanemi ba, ya kwanta rashin lafiya ya mutu a nan a watan Afrilu na 1827. Baransa Richard Lander ne ya kwashi takardunsa ya koma Badagiri, inda masu cinikin bayi na Fotugal suka zarge shi da leƙen asiri, aka tilasta masa shan guba don gwada gaskiyarsa, ya sha kuma ya rayu. Saboda haka idan ka tsaya a bakin tafkin nan, kana tsaye ne a ƙarshen wata hanya da ɗaya bakinta yake garinku.

Abin da ya fi wannan nauyi shi ne mutanen da aka bi da su ta wannan hanya. Yaƙe-yaƙen da suka biyo bayan 1804 a ƙasar Hausa, da rushewar daular Oyo bayan haka, sun jefa mutane masu ɗimbin yawa cikin bauta, kuma an gangara da wasunsu zuwa tashoshin wannan gaɓa, aka loda su a jirage zuwa Bahiya ta ƙasar Barazil. Cikinsu akwai Hausawa, har da masu karatun allo. Hausawa ne suka shirya tawayen da hukuma ta bankaɗo a Bahiya a 1807, kuma su ne a gaba a tawayen 1809 da na 1814. A watan Janairu na 1835, a ƙarshen azumin Ramadan, bayi Musulmi suka yi babban tawaye a Salvador, babban birnin Bahiya. Yawancinsu Yarbawa ne, amma akwai Hausawa tare da su, kuma an samu layu da takardu masu rubutun Larabci a jikin waɗanda aka kashe. Ya kamata mu faɗa wa kanmu gaskiya duka: kamar yadda aka sayar da namu, haka nan akwai fatakenmu cikin waɗanda suka kora bayi zuwa kudu suka sayar. Ina ganin malamin da zai koyar da wannan babi yana bukatar ya ga inda tafiyar take ƙarewa da idonsa.

Yanzu ga wuraren. Galibi ana farawa da gidan tarihi na Badagiri, wanda yake cikin tsohon ofishin Di'o da aka gina a 1863, shekarar da garin ya shiga hannun Ingila. A nan akwai hotuna da taswirori da bayanin cinikin daga farkonsa har zuwa hana shi, kuma cikin wuraren da ke cikin gari shi ya dace da farawa domin yana ba mutum tsarin labarin kafin ya shiga ganin kaya. Daga nan sai ƙaramin gidan tarihin iyalin Mobee, ɗaya daga cikin gidajen sarautar garin da suka yi wannan ciniki. A can ne za a ɗauko maka sarƙar wuya da mari da takunkumin baki na ƙarfe, har a ce ka ɗaga ka ji nauyinsu. Ka ɗaga. Akwai marin da aka ƙera daidai ƙafar yaro ƙarami, kuma duk wanda yake da 'ya'ya ba ya bukatar wani ya yi masa bayani a kansa.

Wurin da nake so ka fi daɗewa shi ne gidan Seriki Williams Abass, inda ake tsare bayi kafin jirgi ya iso. Shi kansa Seriki Abass an kama shi yana yaro an bautar da shi, ya dawo ya zama dillalin bayi, daga baya ya zama babban basarake kuma shugaban Musulmin garin, ya rasu a 1919. Gidan yana da ɗakuna arba'in, kowanne bai wuce ƙafa tara a tsawo da ƙafa tara a faɗi ba, da 'yar taga ɗaya can sama kusa da rufi, kuma masu kula da wurin suna cewa mutum arba'in ake cusawa a ɗaki guda. Zuriyarsa suna zaune a cikin gidan har yau, za ka ga shanya da yara suna wasa a tsakar gida, sai 'yan ɗakunan da aka bari yadda suke domin masu ziyara. Ka shiga ɗaya, ka roƙi a turo ƙofar na ɗan lokaci. Labarin mai gidan kansa abin tattaunawa ne da ɗalibai, domin ya nuna cewa wannan ciniki bai tsaya ga Bature da baƙar fata ba, kuma Musuluncin mutum bai hana shi shiga cikinsa ba.

Za a kai ku benen 'yan mishan da aka kammala a 1845, inda Samuel Ajayi Crowther ya zauna, mutumin da ya yi aikin fassara Littafi Mai Tsarki zuwa Yarbanci. Kusa da nan akwai alamar da aka kafa a gurbin bishiyar Agia, wadda a ƙarƙashinta aka yi wa'azin Kirista a 1842, ita kuwa bishiyar ta faɗi a 1959. Minti goma sha biyar sun isa waɗannan biyun. Haka ma filin kasuwar bayi ta Vlekete, a tsaya a ji bayani a wuce.

Ƙarshen ziyarar shi ne tsibirin Gberefu. Ana shiga kwale-kwale mai inji a ƙetare tafkin cikin 'yan mintuna, sannan a taka a ƙasa kimanin rabin sa'a cikin yashi da itatuwan kwakwa har zuwa bakin teku, wurin da ake kira inda ba a komowa. A tsakiyar hanya akwai wata rijiya da ake cewa ana tilasta wa bayi shan ruwanta domin su manta da gida. Wannan tafiya ita ce zuciyar ziyarar, kuma ita ce masu shirya ziyara suke fara yankewa idan lokaci ya ƙure, suna cewa rana ta yi ko jirgi zai tashi.

Wannan ya kawo mu ga batun sa'o'i huɗu. Idan huɗun nan a cikin Badagiri za a yi su, sun isa, da sharaɗin ba a ɓata lokaci wajen ɗaukar hoto a kowace ƙofa ba. Idan kuwa an haɗa da tafiya daga Legas, ba su isa ba ko kusa, domin babbar hanyar da ta bi ta unguwar Mile 2 ta Legas zuwa Badagiri tana da cunkoso da shingayen jami'an tsaro saboda kusancinta da iyaka, kuma zuwa kaɗai yana iya cin sa'o'i biyu ko fiye. Ka tambayi masu shiryawa wannan tun kafin ka biya, ka kuma tambaye su ko kuɗin ya haɗa da kuɗin shiga kowane gida da na kwale-kwale, domin kowane wuri yana karɓar nasa dabam. Ku fita bayan sallar asuba, ka riƙe katin shaidarka, kuma ku nemi a fara da Gberefu tun rana ba ta yi zafi ba, ko da jagoran ya saba barinsa ƙarshe. Akwai masallatai da Musulmi da yawa a garin, har da Hausawa 'yan kasuwa, saboda haka salla da abinci ba za su zama matsala ba.

Game da maganar ɗan jagora, ka saurare shi da ladabi, ka rubuta, amma ka raba abin da ya faɗa gida biyu. Shekarun gine-gine da sunayen 'yan mishan da yarjejeniyoyin da aka yi da Ingila suna cikin takardu, ana iya bin diddiginsu. Labarin rijiyar mantuwa, da adadin mutanen da aka ce an musanya da laima ɗaya ko igwa ɗaya, da yawan matan Seriki Abass da 'ya'yansa, waɗannan labaran baka ne da aka gada, kuma adadin yakan sauya daga bakin wannan jagora zuwa na wancan. Suna da daraja a matsayin abin da mutanen gari suke tunawa, sai dai ka faɗa wa ɗalibanka cewa haka ake faɗa. Ɗan Sakkwato ya san wannan bambanci, domin abin da mai rakiya yake faɗa a Hubbare dabam ne da abin da za a nuna maka a rubuce a gidan tarihi na Waziri Junaidu, kuma kowanne yana da muhallinsa. Za a kuma ce maka benen 1845 shi ne bene na farko a Nijeriya. Daidai ne idan ana nufin bene irin ginin Turawa, amma magina a Kano da Katsina sun daɗe suna ɗora soro a kan soro da tubali da azara kafin wannan shekara, kuma hasumiyar Gobarau ta girme shi da ɗaruruwan shekaru. Ba sai ka yi gardama da shi a gaban jama'a ba. Idan kun keɓe ka faɗa masa, mai yiwuwa ne ya gyara wa na bayanka.

TAMBAYA

Malam, ina yi maka fatan alheri. Ɗana yana aiki a Legas, ya ce idan na je ganin jikokina zai kai mu Badagiri gaba ɗaya. Ni na manyanta, gwiwoyina suna damuna, ban kuma taɓa shiga jirgin ruwa ba, ga jikokin ƙanana ne, babbar shekararta goma. Shin wuri ne da ya dace da tsohuwa da yara?

Daga wata Hajiya, Gawon Nama, Sakkwato.

AMSA

Hajiya, Allah ya ƙara lafiya da nisan kwana. Wuraren da ke cikin gari suna kusa da juna, mota tana kaiwa ƙofar kowanne, kuma ban da benen 'yan mishan, wanda matakalarsa ta katako ce mai tsayi, babu inda za ki sha wahalar hawa. Tafiyar Gberefu ce ba na ba ki shawarar yi, domin yashi ne mai nutsa ƙafa, zuwa da dawowa kusan sa'a guda, kuma inuwa kaɗan ce a hanya. Kina iya zama a bakin tafki ki jira su, daga nan ma ana hango tsibirin. Idan ɗanki zai ƙetara da yaran, kada ya yarda kowa ya shiga kwale-kwale sai an ba shi rigar kariya daga nutsewa wadda ta yi masa daidai, kada kuma su shiga wanda aka cika maƙil. A bakin tekun a riƙe hannun yara sosai, domin igiyar ruwan wannan gaɓa tana da ƙarfin ja, ko manya da suka iya iyo ba a son su shiga.

Jikarki mai shekara goma za ta fahimci abin da ta gani idan an shirya ta tun daga gida, a gaya mata cewa za a je inda aka taɓa tsare mutane ana sayar da su, kuma an daina. Ƙannenta kuwa a bar su a tsakar gida tare da ke lokacin da ake nuna sarƙoƙi da ɗakunan tsare bayi. Ku tafi da ruwan sha mai yawa da laima, a sa wa yaran takalma masu rufi saboda zafin yashi, kuma ku kama hanyar komawa Legas kafin la'asar.