Jihar da aka manta da ita a yaƙin basasa

Malam, ka tambaya wace jihar Arewa ce ba a yi wa adalci ba in ana labarin yaƙin basasa. Ni dai tsohuwar jihar Binuwai-Filato zan ce, wadda aka ƙirƙiro a 1967, aka raba ta a 1976. Gowon, shugaban ƙasa na lokacin, ɗan can ne. Kanar Joe Akahan, shugaban sojan ƙasa, Tibi ne, ya rasu a hatsarin jirgi mai saukar ungulu ana cikin yaƙin. Danjuma, mutumin Takum, shi ya jagoranci kama Enugu, babban birnin Biyafara, a Oktoban 1967.

Amma abin da ya fi ci mini rai ƙananan sojoji ne, 'ya'yan manoman Tibi, Idoma, Angas da Tarok da suka cika bataliyoyi. Da yawansu ba su koma gida ba, ko kabarinsu iyayensu ba su gani ba.