Kun Tambaya, Mun Amsa: Titin Hijira, Daga Makka Zuwa Madina

Wasiƙun wannan karon yawancinsu a kan hanyar Madina suka tsaya. Ba abin mamaki ba ne, lokacin umara ya kama, baƙi daga gida sun fara sauka wurin 'yan'uwa, kowa kuma yana son ya kai nasa ziyara. Mun zaɓi biyar. Abin da ya shafi mota mun tace shi tare da direbobi da bakanikan da ke cin abinci a kan wannan hanya.

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Gardama muke yi da maigidana. Na ce titin da muke bi zuwa Madina shi ne ainihin inda Annabi (SAW) ya bi lokacin hijira, shi ya sa ake ce masa Titin Hijira. Shi kuwa ya ce suna ne kawai. Wa ya fi gaskiya?
— Wata uwargida, Shara Mansur, Makka

AMSA: Wa alaikumus salam. Hajiya, sai haƙuri, maigida ya fi ki kusa da gaskiya, amma ke ma ba ki tashi a tutar babu ba.

A shekara ta 622, da Manzon Allah (SAW) ya fita tare da Sayyidina Abubakar, ba arewa suka nufa ba inda Madina take. Kudu suka yi zuwa kogon Sauru, suka kwana uku, sannan ɗan jagoransu Abdullahi bin Uraiƙiɗ ya karkata da su ta wajen gaɓar teku da gangan, don kauce wa turbar fatake inda Ƙuraishawa za su fara nema. Suka gitta ta ƙasan Usfan, suka bi ta Ƙudaid inda tantin Ummu Ma'abad yake, daga nan suka shiga kwaruruka da duwatsu har suka sauka Ƙuba. Titin yanzu ya ratsa yankin Usfan da kwarin Ƙudaid, kuma ta wajen Ƙuba yake shiga Madina. Nan ne rabonki. Abin da ke tsakani kuwa injiniyoyi ne suka ja layinsu inda ya fi miƙewa.

Kafin wannan titi an yi hanyoyi biyu. Ta farko ta raƙuma ce, wadda ta fi shahara ita ce Darbus Sulɗani mai bi ta Rabig, tafiyar kwana 10 zuwa 12. Kakanninmu da suka taso daga ƙasar Hausa a ƙafa, suka ratsa Chadi da Sudan, suka tsallako teku ta Sawakin, da yawansu a ƙafa suka bi bayan ayari zuwa Madina, don kuɗin raƙumi ya fi ƙarfinsu. Ta biyu ita ce wadda dattawa ke kira tsohuwar hanya, da aka zuba wa kwalta a shekarun 1950: ta bi ta Rabig da Mastura, ta karkata a Badar, ta hau ta Musaijid zuwa Madina. Falle ɗaya ce, mai zuwa da mai dawowa suna gogar juna, kuma ta fi tsawo. Duk wanda ya bi ta a lokacin zai ba ki labarin kifin Mastura kafin ya ba ki labarin komai.

Titin Hijira shi ne na uku. An buɗe shi a 1984, zamanin Sarki Fahad, layi uku zuwa, layi uku dawowa. A taswira wani yanki ne na babbar hanya mai lamba 15, wadda a arewa ta wuce Madina zuwa Tabuk da iyakar Jodan, a kudu kuma ta hau Ɗa'if ta nufi Baha da Abha.

TAMBAYA: Ban daɗe da samun lasin ba, ban taɓa tuƙi zuwa Madina da kaina ba. Ku zayyana mini hanyar, da mai nawa zan sha, da awa nawa zan yi.
— Wani matashi, Jarwal, Makka

AMSA: Ɗan'uwa, tsawon hanyar kilomita 420 zuwa 450 ne, ya danganta da inda ka fara ƙirga. Za ka fita ta arewacin Makka, ka wuce Tan'im inda Masallacin Nana A'isha yake, wajen kilomita 7 daga Harami. Gaba kaɗan sai Nawariya, wato Sarif ta da, inda kabarin Uwar Muminai Maimuna yake a gefen titi. Sai Jumum a Wadi Faɗima, sai Usfan a wajen kilomita 80. Daga nan za ka ga motoci sun ƙaru, saboda masu tasowa daga Jidda sun fara shigowa.

Bayan Ƙudaid da Sitara hanya takan fara hawa, ƙasa ta canza launi. Ka shiga harra ke nan, filin baƙaƙen duwatsu da aman wuta ya bari tun dā, wadda ake kira Harrat Rahat. Amanta na ƙarshe ya auku ne kusa da Madina a shekara ta 1256. Cikin wannan harra ne tsakiyar tafiya, nan ne kuma ya fi gundura: babu gari, babu inuwa, sai titi miƙe sambal. Za ka wuce Akhal, sai Yutama, sai Abyarul Mashi, daga nan Madina ta kusa.

Ƙaramar mota mai shan lita 8 a kilomita 100 tana buƙatar wajen lita 35. Da gudu da na'urar sanyaya mota da kaya a but, ka ƙiyasta 40 zuwa 45. Ka cika tanki tun daga Makka. Akwai gidajen mai da istiraha, wato wuraren hutawar matafiya, a hanya, amma kada ka bari allura ta sauka ƙasa da kwata kana cewa sai na gaba, don wani gidan man za ka tarar a rufe ko ana gyara. Ka zuba irin man da aka rubuta wa motarka, 91 mai koren famfo ko 95 mai ja.

Tun Fabrairun 2018 aka ɗaga iyakar gudu a wannan hanya: ƙananan motoci 140, bas 100, manyan motocin kaya 80. Ba ko'ina ba ne, akwai inda allo ke sauke ka zuwa 120 ko ƙasa, kyamarar Sahir mai kama masu gudu kuma allon take bi, ba abin da ka ji a majalisa ba. Shawararmu ga sabon hannu, ka zauna a layin tsakiya a kan 110 zuwa 120, ka bar layin hagu ga masu sauri. Awa huɗu da rabi tare da tsayawa ɗaya ta ishe ka.

TAMBAYA: Me ya sa ake yawan ganin fasassun tayoyi da motoci sun buɗe bonet a wannan hanya, alhali titin lafiyayye ne babu rami?
— Wani mai sana'ar ɗinki, Karantina, Jidda

AMSA: Malam, kyan titin ne ke ruɗin mutane. Motar da ke yawon cikin gari a kan 60 ba a sanin ciwonta sai ta yi awa biyu tana 140 a kan kwalta mai zafin bazara.

Mu fara da taya. Abin da ya fi fasa ta ƙarancin iska ne, ba yawanta ba, ko da yake akasin haka mutane suka ɗauka. Tayar da iskarta ta yi ƙasa gefenta yana lanƙwashewa a kowane juyi, lanƙwasar tana haifar da zafi, zafin yana raba roba da wayar da ke ciki, sai ta tarwatse. Don haka a auna iska da safe kafin motar ta motsa, a sa adadin da ke rubuce a jikin ƙofar direba, galibi 32 zuwa 35 a ƙananan motoci, a ƙara zuwa adadin cikakken kaya in an rubuta shi. In ka tsaya a istiraha ka ga iska ta hau da 4 ko 5, kada ka sauke. Haka take yi in ta yi zafi, in ka rage ta to ka tona wa kanka rami.

Sai shekarun taya. A gefenta, bayan haruffan DOT, akwai lamba huɗu. In ka ga 2322, an yi ta a mako na 23 na shekarar 2022. Roba tana bushewa a zafin ƙasar nan ko da zanenta bai cinye ba, saboda haka tayar da ta haura shekara huɗu zuwa biyar, ko ta fara tsattsagewa a gefe, ko ta yi ƙulu, ba ta hanyar Madina ba ce. Akwai kuma harafin jure zafi, A ko B ko C. A nemi A. Tayar gwanjo da ba ka san tarihinta ba, arharta ba ta kai ran mutum bakwai ba. A duba safayar ma, da jak da sifanar taya, don sau da yawa sai an buɗe but a tsakiyar harra ake tarar da safaya a kwance.

In taya ta fashe kana gudu, kada ka taka birki. Ka riƙe sitiyari da hannu biyu, ka ɗaga ƙafa daga totur a hankali, ka bar motar ta rage gudu da kanta, sannan ka gangara dama. Birkin firgita ne ke kifar da mota.

Zafin inji kuwa a hawan da ke bayan Sitara ya fi bayyana. Dalilansa sanannu ne: ruwan lagireto ya ragu, ko an daɗe ana zuba ruwan famfo har ya yi tsatsa ya toshe, ko tiyo ya tsufa ya kumbura, ko fanka ba ta tashi, ko murfin lagireto ya daina riƙe matsi. In allurar zafi ta fara hawa, ka kashe na'urar sanyi, ka rage gudu, ka nemi wurin tsayawa. Kada ka buɗe murfin sai bayan aƙalla minti 30, kuma da tsumma a hannu, don ruwan yana fitowa ne da ƙarfi ya ƙone fuska. Kada a sheƙa ruwan sanyi a kan inji mai zafi, yana iya tsaga shi. A tafi da galan na ruwan lagireto da katan ɗin ruwan sha.

In dole ta sa ka tsaya a kafaɗar titi, ka matsa can nesa da layi, ka kunna fitilun haɗari, ka ajiye alamar nan mai kusurwa uku wajen mita 100 a baya, ka fitar da iyali su tsaya bayan shingen ƙarfe, ba cikin mota ba. Lambar neman agaji 911 ce, ta motar asibiti 997.

TAMBAYA: Mun dawo daga Madina da niyyar umara, direba ya wuce Abyar Ali muna barci, sai a wata istiraha muka farga muka ɗaura harami. Umararmu ta yi?
— Wani baƙo daga gida, masauki a Misfala

AMSA: Alhaji, miƙatin mai tasowa daga Madina shi ne Zul Hulaifa, wato Abyar Ali, a bakin gari kafin a kama hanya sosai. Babu wani miƙati a gaba a kan Titin Hijira. Juhufa tana can kusa da Rabig, a ɓangaren tsohuwar hanya. Abin da akasarin malamai suka tafi a kai shi ne, wanda ya wuce miƙati da niyyar umara ya koma ya yi harama daga can, in kuma ya yi ta a gaba to umara ta yi, amma akwai yanka a kansa. Ka kai wa malami bayanin yadda abin ya faru dalla-dalla. Gaba kuma, a yi wanka a sa harami tun daga masauki, a gaya wa direba tun kafin a tashi cewa za a tsaya Abyar Ali.

TAMBAYA: Iyayena tsofaffi ne. Wanne ya fi, mu yi tafiyar dare a motar haya saboda sanyi, ko bas, ko jirgin ƙasa?
— Wata mai karatu, Hindawiya, Makka

AMSA: 'Yar'uwa, in aljihu zai ɗauka, jirgin ƙasa na Haramain ya fi wa tsoho. Ya fara aiki a 2018, layinsa kilomita 450 ne, yana kai gudun 300, yana tashi daga Rusaifa ya bi ta Jidda ya isa Madina cikin awa biyu da 'yan mintuna. A sayi tikiti da wuri, musamman a Ramadan, kuma a rage kaya don akwai iyaka. Bas mai rajista tana cin awa biyar zuwa shida tare da tsayawa, ta fi arha, ta fi ɗaukar kaya.

Tafiyar dare da masu kabu-kabu ita ce ba mu so. Sanyin gaskiya ne, taya da inji sun fi samun sauƙi, amma direban da ya yi sawu da rana ya juyo da dare barci yake bin sa bashi, kuma ba za ki gane ba daga kujerar baya. Motar da ke 140 tana cin kusan mita 39 a daƙiƙa ɗaya. Gyangyaɗin daƙiƙa uku ya haura mita 100 ba mai riƙe da ita, kuma ko idonsa biyu, tana buƙatar sama da mita 150 kafin ta tsaya. Da dare ne kuma manyan motoci suka fi yawa, wasu a hankali suke tafiya, wasu a tsaye a kafaɗa. A Oktoban 2019 wata bas ta yi karo da motar aikin gini kusa da Akhal, ta kama wuta, mutum 35 suka rasu. Allah ya ji ƙan su.

In motar gida ce, ku tashi bayan Asuba, ku tsaya duk bayan awa biyu, kowa ya ɗaura bel har na baya, wanda ke gaba kuma kada ya yi barci. Ranar da aka yi hasashen ruwa ko ƙura a ɗaga tafiyar.

Sai batun takardu. Kowa ya riƙe iƙamarsa, wato katin zama, ko fasfonsa. In lokacin Hajji ya gabato, shingayen mashigar Makka suna neman tasrihi, wato takardar izini, ko shaidar zama a Makka, kuma a 2025 tarar wanda aka kama zai yi Hajji ba izini ta kai riyal 20,000, ta wanda ya ɗauko shi kuma har 100,000. Saboda haka tun daga ƙarshen Shawwal, ku tabbatar da takardun kowa na dawowa kafin ku fita zuwa Madina.